Arthur Waley bai taɓa zuwa ƙasar Sin ba: za a iya amincewa da fassararsa?

"Malam, ni malamin adabi ne a makarantar sakandare. Na ji an ce Baturen da ya fi kowa suna wajen fassara tsofaffin waƙoƙin ƙasar Sin zuwa Ingilishi, wato Arthur Waley, bai taɓa taka ƙasar ba har ya mutu, kuma ko hira ba ya iya yi da Sinanci yadda ya kamata. Shin gaskiya ne? In gaskiya ne, ta yaya za a amince da aikinsa? Ina tambaya ne domin ina sha'awar mayar da wasu daga cikin waƙoƙin zuwa Hausa, kuma littafinsa ne kaɗai a hannuna."

Malam, Allah ya ƙara basira. Abin da ka ji gaskiya ne. Waley ya rayu shekara 76, ya shafe wajen hamsin daga cikinsu yana aiki a kan adabin Sin da na Japan, amma bai taɓa ziyartar ko ɗaya daga cikin ƙasashen biyu ba, kuma ƙwarewarsa a karatu take, ba a magana ba. In na fahimce ka daidai, abu biyu kake son sani: ko rashin zuwansa ya ɓata masa aiki, da kuma ko ya dace ka ɗora taka fassarar a kan tasa. Amsar ta farko da ta biyu ba ɗaya ba ce, don haka sai mun bi tarihin mutumin tukuna.

An haife shi ranar 19 ga Agusta, 1889, a garin Tunbridge Wells na Ingila, cikin wani gida na Yahudawa masu ilimi, kuma sunansa na yanka Arthur David Schloss. A 1914, da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke aka shiga ƙyamar duk wani suna mai kama da na Jamusawa, sai gidansu suka koma amfani da Waley, sunan dangin mahaifiyarsa. Ya yi makarantar Rugby, ya wuce Jami'ar Cambridge a 1907 inda ya karanci Girkanci da Latin, sai ciwon ido ya hana shi ci gaba da karatun da ya yi niyya. A 1913 ya sami aiki a Gidan Tarihi na Birtaniya da ke Landan, a sashen zane-zanen ƙasashen Gabas, ƙarƙashin Laurence Binyon, wanda shi ma sha'iri ne. Aikin ofis ne ya ja shi zuwa ga harshen. Zanen Sinawa kusan kullum yana ɗauke da rubutu a gefe, ko sunan mai zanen, ko hatiminsa, ko baitocin waƙa, kuma ba yadda za a yi mutum ya jera irin waɗannan kaya cikin kundi alhali bai iya karanta abin da ke jikinsu ba. Sai ya duƙufa ya koya wa kansa tsohon Sinanci da tsohon Japananci da ƙamus da littattafan sharhi.

Saurin da ya yi abin mamaki ne. A 1916 ya buga ɗan ƙaramin kundi na fassara da kuɗinsa ya raba wa abokai, a 1917 fassarorinsa suka fito a mujallar sabuwar Makarantar Nazarin Gabas ta Landan, sannan a 1918 ya fitar da littafin da ya ɗaga sunansa, A Hundred and Seventy Chinese Poems, wato waƙoƙin Sin guda 170. Ina kyautata zaton shi ne a hannunka, ko kuma tarin da ya sake tacewa ya fitar a 1946. Ya bar aikin gidan tarihin a ƙarshen 1929 domin ya zauna ga rubutu kaɗai, bai kuma taɓa riƙe kujerar farfesa a wata jami'a ba. A lokacin Yaƙin Duniya na Biyu ya yi wa Ma'aikatar Watsa Labarai aikin tace rubuce-rubucen Japananci. A 1953 aka ba shi lambar zinariya ta Sarauniya ta masu waƙa, abin lura kuwa shi ne lambar ta sha'irai ce, an ba shi ita a kan aikin fassara. Ya rasu a Landan ranar 27 ga Yuni, 1966.

Harshen da ba a jin sa a kasuwa

Dalilin da ya sa rashin zuwansa bai kashe aikin ba yana cikin yanayin harshen da ya yi aiki da shi. Waƙoƙin da ya fassara ba da Sinancin da ake magana da shi a titunan Beijing aka rubuta su ba. An rubuta su ne da harshen adabi na gargajiya, wanda ya rabu da maganar baka tun ƙarnoni masu yawa, ya zama harshen littafi da na hukuma da na jarrabawar shiga aikin sarki, har zuwa kusan 1920 lokacin da aka fara mayar da littattafan makaranta zuwa harshen yau da kullum. Daular Tang, wadda ita ce zamanin da waƙar Sin ta kai ƙololuwa, ta yi mulki daga 618 zuwa 907, kuma lafazin wancan lokaci ya sauya ƙwarai, har akwai ɗangogin da amsa-amonsu ya dace a bakin mawaƙin amma ba ya dacewa in Basine na yau ya karanta su da lafazin Beijing. Shi kansa ɗan ƙasa sai ya zauna gaban malami da littafin sharhi kafin ya fahimce su.

Wannan ba baƙon abu ba ne gare mu. Mun san malaman zaure da suka ƙware a waƙoƙin Larabawan jahiliyya, suna warware kalmomin da Balaraben yau ba zai gane ba sai ya buɗe ƙamus, alhali wasunsu ba su taɓa ƙetare Sahara ba, in kuma aka ajiye su a kasuwar Alƙahira ciniki zai yi musu wuya. Ba wanda ya taɓa cewa wannan ya rage musu sanin waƙoƙin, domin ƙofar da ake shiga wannan ilimi littafi ce da haddar abin da magabata suka rubuta. Haka abin yake ga Waley. Waƙar Sin cike take da ishara. In mawaƙi ya ambaci karya reshen wata bishiya da ke tsirowa a bakin ruwa, bankwana yake nufi, domin sunan bishiyar ya yi kama da kalmar "zauna" a harshensu, kuma al'ada ce a karya reshenta a ba mai tafiya. In ya ambaci dinyar daji tana ƙetare sama, wasiƙa daga nesa yake jira. Mutum zai iya shekara ashirin a ƙasar bai san waɗannan ba, mai karatu kuwa zai same su a sharhi.

Akwai gwaji mai kyau a zamanin Waley ɗin kansa. Herbert Giles ya yi aikin jakadanci a Sin kimanin shekara 25, ya iya magana da harshen, ya wallafa babban ƙamus, ya zama farfesan Sinanci a Cambridge a 1897. Ya fassara waƙoƙi da amsa-amo da kari irin na waƙar Ingilishi ta zamanin Sarauniya Victoria, kuma domin ya cika amsa-amon yakan ƙara kalmomin ado da babu su a asali, har waƙar Basine ta fito da kamannin waƙar Bature. A ɗaya gefen ga Ezra Pound, Ba'amurken da bai iya Sinanci ba a lokacin, ya fitar da Cathay a 1915 daga rubuce-rubucen da Ernest Fenollosa ya bari bayan ya yi karatu wurin malaman Japan. Aikin Pound yana da daɗi ƙwarai a kunne, amma akwai kurakurai a ciki, har da inda ya haɗe waƙoƙi biyu ya ɗauka ɗaya ce. Giles da Waley sun yi ta musayar raddi a rubuce bayan fitowar littafin 1918, kowa yana nuna kuskuren ɗan'uwansa, kuma a wasu wurare Giles ne ke da gaskiya. Duk da haka hanyar Waley ce mafassaran baya suka bi, ta wanda ya zauna a ƙasar kuwa aka bar ta.

Hanyar tasa Waley ya bayyana ta da kansa a gabatarwar littafinsa na 1918. Kowane harafin Sinanci gaɓa ɗaya ce, kuma a tsohuwar waƙa galibi kalma ce sukutum, ɗango kuma yawanci harafi biyar ne ko bakwai. Waley ya yanke cewa kowane harafi zai sami gaɓa ɗaya mai ƙarfi a Ingilishi, wato wadda ake dannawa da murya, gaɓoɓi marasa ƙarfi kuma su shiga tsakani gwargwadon buƙata, ta yadda ɗango mai harafi biyar zai fito da bugu biyar. Ya ajiye amsa-amo gaba ɗaya, bisa hujjar cewa Sinanci na iya jan amo ɗaya daga farkon waƙa zuwa ƙarshenta, Ingilishi kuwa ba ya iyawa, kuma neman amo dole ya cuci ko dai ƙarfin magana ko amincin ma'ana. Ya kuma ɗaukar wa kansa sharaɗin da nake ganin shi ne mafi daraja a cikin aikinsa: ba zai ƙara wata siffa tasa ba, ba zai kuma danne wadda mawaƙin ya kawo ba.

Inda rauninsa yake

A ganina, inda ya kamata ka yi hattara da Waley shi ne wajen zaɓi. Kundin waƙoƙin Tang da aka tattara a farkon ƙarni na 18 bisa umarnin Sarki Kangxi yana ɗauke da waƙa kusan 49,000 na mawaƙa fiye da 2,200, kuma Waley ya faɗa a fili cewa yana zaɓen waɗanda suka yarda su shiga Ingilishi ba tare da sun mutu a hanya ba. Wannan ya kai shi ga Bai Juyi, wanda ya rayu daga 772 zuwa 846, ma'aikacin hukuma da ya yi gwamna a Hangzhou da Suzhou, aka taɓa korarsa daga fada a 815, ya kuma bar waƙa sama da 2,800. Bai Juyi mai sauƙin harshe ne, har ana ba da labarin cewa yakan karanta wa wata tsohuwa waƙarsa, duk inda ba ta gane ba ya gyara. Yana waƙa a kan furfurarsa, da rashin lafiya, da kewar amininsa Yuan Zhen, da zaluncin ma'aikata. Duba waƙarsa ta tsoho mai sayar da gawayi, wadda Waley ya fassara: rigar tsohon ba ta da kauri, amma yana fatan sanyi ya tsananta don gawayi ya yi tsada, ya kora amalankensa cikin dusar ƙanƙara zuwa kasuwar birni, sai 'yan aiken fada suka tare shi suka kwashe kayan duka, suka ɗaura ɗan ƙyallen siliki a wuyan sansa a matsayin kuɗi. Irin wannan waƙa ba ta buƙatar dogon sharhi, duk wanda ya san wahala zai gane ta, kuma a nan hannun Waley ya fi faɗawa. Ya so mutumin ƙwarai, har ya rubuta tarihin rayuwarsa a 1949.

Sai dai su Sinawa ba Bai Juyi suke sawa a gaba ba. Manyansu biyu su ne Li Bai, daga 701 zuwa 762, da Du Fu, daga 712 zuwa 770. Du Fu, wanda da yawa suke ɗauka shi ne sarkin mawaƙansu, gwaninta tasa tana cikin matsattsen tsari ne: waƙa mai ɗango takwas, inda ɗangogin tsakiya suke tafiya bibbiyu suna fuskantar juna kalma da kalma, suna bin ƙa'idar hawa da saukar murya. Waley bai taɓa Du Fu ba sai kaɗan. Li Bai kuwa ya rubuta littafi a kansa a 1950, amma ya auna shi da ma'aunin ɗabi'a, ya nuna shi mashayi mai fariya marar riƙon amana, abin da ya sa masu nazari da yawa suka ce bai yi masa adalci ba, ni ma ina cikinsu. Sakamakon haka shi ne tsararraki na masu karatun Ingilishi sun tashi suna zaton waƙar Sin magana ce mai sanyi, mai sauƙi, marar amo, alhali asalinta ana rera ta, tana da amsa-amo, tana da ƙa'idoji masu tsauri kamar na aruli. A nan ne kaɗai nake jin da ya zauna cikin malaman ƙasar ya saurari yadda suke rera baitocin da ya ƙaru da wani abu.

Yana kuma da halin yanke abin da ya ga bai dace da mai karatunsa ba. Tsohon kundin waƙoƙin Sin na farko yana da waƙa 305, a fassararsa ta 1937 ya kawo 290, ya kuma sake jera su bisa jigo maimakon tsarin da aka gada. Labarin tafiyar wani malamin addinin Buddha zuwa Indiya tare da biri mai sihiri yana da babi 100, a littafinsa Monkey na 1942 ya fassara 30, ya zubar da yawancin waƙoƙin da ke ciki, sai da Anthony Yu ya zo ya fassara shi cikakke tsakanin 1977 da 1983. Ko a babban labarin nan na Japan, The Tale of Genji, da ya fitar cikin juzu'i shida daga 1925 zuwa 1933, ya tsallake babi guda. Ba zan yi hukunci a kan Japanancinsa ba, domin ba fagena ba ne, iyakacina tsohon Sinanci, shi ma da ƙamus da sharhi a gefe nake karanta shi.

Abin da nake ba ka shawara

Kada ka fassara daga Waley shi kaɗai. Dalilina ba rashin amana ba ne, domin a ma'ana yana cikin waɗanda suka fi aminci a zamaninsa. Dalilin shi ne duk shawarar da ya yanke, ya yanke ta ne don magance matsalar Ingilishi, matsalar Hausa kuwa daban take. Ya bar amsa-amo domin harshensa ba ya iya jan amo ɗaya a doguwar waƙa, mu kuwa wannan shi ne abincinmu na kullum, rubutacciyar waƙar Hausa tana iya yin baiti ɗari a kan babban amsa-amo guda ba ta gaji ba. Ingilishi ba shi da karin sauti a kalma, Hausa tana da shi kamar yadda Sinanci ke da shi, ko da yake tsarin ba ɗaya ba ne. In ka bi Waley sau da ƙafa, za ka jefar da abin da harshenka ya iya saboda wani harshe ya kasa.

Bari in ba ka misali daga abin da na gwada da hannuna. Akwai wata gajeriyar waƙa ta Li Bai da kusan kowane yaro a Sin ya haddace, ɗango huɗu, harafi ashirin. Ma'anarta ita ce hasken wata ya faɗo gaban gado, aka yi zaton farin sanyi ne ya kwanta a ƙasa, aka ɗaga kai aka dubi wata, aka sunkuyar da kai aka tuna gida. Ɗango na ɗaya da na biyu da na huɗu suna ƙarewa da amo ɗaya. Abu na farko da na lura shi ne babu "ni" ko "shi" a cikin asalin ko sau ɗaya, ba a faɗi mai ɗaga kan ba, don haka duk wanda ya karanta shi ne a kan gadon. Mafassarin Ingilishi kusan dole ne ya sa wakilin suna, in kuma ka fassara daga gare shi za ka rubuta "na ɗaga kaina" ba tare da ka san an taɓa barin wurin a buɗe ba. Hausa tana da mafita biyu. Tana da "aka" da "an", tana kuma iya tafiya da sunan aiki zalla: ɗaga kai, kallon wata, sunkuyar da kai, tunanin gida. Da na jera su haka sai na ga sun fi kusa da numfashin asalin fiye da duk fassarar Turanci da na karanta. Muna kuma da "farin wata", kalmar da ta riga ta ɗauko haske da dare da kewa a cikinta.

Ɗango na biyu ne ya tsayar da ni makonni. Abin da mawaƙin ya ambata raɓa ce da sanyin dare ke daskarar da ita ta yi fari fat a kan ƙasa, kuma ba mu da kalma guda da ke nufin haka. Raɓa ba fara ba ce, ƙanƙara daga sama take faɗowa, hazo a iska yake. Zuciyata ta raya mini in ce "kanwa", tunda duk wanda ya ga fadamar da kanwa ta fito ya san wannan farin da ke shimfiɗe a ƙasa, kuma kalmar gajeriya ce mai daɗin shiga kari. A nan sharaɗin Waley ya yi mini amfani, na kada a ƙara siffa kuma kada a danne ta. Kanwa ta kawo farin amma ta kori sanyin, sanyin kuwa shi ne rabin waƙar, domin yana nuna kaka ta yi nisa, lokacin da Sinawa ke haɗuwa da iyali a daren cikar wata na takwas, shi kuma mai maganar yana kwance shi kaɗai a baƙon wuri. Na haƙura na rubuta "daskararriyar raɓa", ɗangon ya yi nauyi, har yau ban gamsu da shi ba, amma na fi yarda da nauyinsa a kan in sa wa Li Bai abin da bai gani ba.

Saboda haka ka riƙe littafin Waley a matsayin shaida ɗaya, ka nemi na biyu da na uku. Abin da ya fi muhimmanci shi ne ka sami bugun da ke nuna harafin Sinanci da lafazinsa da ma'anar kowace kalma ɗaya bayan ɗaya. David Hawkes ya yi irin wannan a 1967 a littafinsa A Little Primer of Tu Fu, inda ya warware waƙoƙin Du Fu guda 35 kalma-kalma, ya bi su da sharhi da fassarar zube, kuma wanda bai iya Sinanci ba zai iya ganin ƙashin waƙar da idonsa. In ka sami Basine mai ilimin adabi ya karanta maka da murya, ka saurara sau da yawa kafin ka sa alƙalami. Wajen nema kuma ka lura da rubutun sunaye, domin Waley ya yi amfani da tsohon tsarin rubuta Sinanci da boko, wanda ke ɗauke da sunan Wade, Baturen da ya fara tsara shi, da na Giles ɗin nan: Po Chü-i nasa shi ne Bai Juyi, Li Po shi ne Li Bai, Tu Fu shi ne Du Fu. In da ni ne kai, da waƙar mai gawayi zan fara, in gwada ta a ƙwar biyu da amsa-amo guda, in karanta wa 'yan aji ba tare da na faɗa musu daga inda ta fito ba, in ji abin da za su ce game da tsohon da 'yan aiken fada.